Adamu Halilu: Mutumin da ke Bayan Majigi

Wata ranar Alhamis bayan sallar Isha'i ina zaune a shagon wani dattijo maɗinki a Shari'ul Mansur, muna shan shayi. Duk ɗalibin da ya daɗe a Makka ya san irin wannan zama: Hausa ta ko'ina, ƙamshin tsire da masa, yara na wucewa suna haɗa Larabci da Hausa a jimla ɗaya. Jikokinsa biyu sun haɗa kai a kan waya suna kallon wani shiri mai dogon zango na Kano. Dattijon ya leƙa, ya girgiza kai, ya ce, "Mu a zamaninmu Baban Larai muka gani. A ƙofar gidan hakimi, a jikin farin ƙyalle."

Mutumin ƙasar Funtuwa ne. Ya zo aikin Hajji tun kafin a haifi mahaifiyata, bai koma ba. Ya ba ni labarin yadda motar majigi ke shigowa gari da yamma, mai shela ya zaga, yara su bi motar da gudu, a kunna inji bayan Magariba, gari duka ya fito har da matan aure a gefe guda. Na ce, "Baba, wa ya yi fim ɗin?" Ya ce, "Gwamnati mana." Na ce, "A'a, mutumin da ya zauna ya tsara shi nake nufi." Sai ya yi dariya ya ce, "Injiniya, ai kai da ka yi boko kai za ka gaya mini."

Wallahi kunya ta kama ni. Na karanta injiniyan lantarki a Zariya, ga shi ina digiri na uku, zan iya zana maka yadda injin haska fim ke aiki daga fitila har zuwa madubi, amma ban san sunan mutum ɗaya daga cikin waɗanda suka yi finafinan da iyayenmu suka fara gani da harshensu ba. Da aka ce mu kawo rubutu don wannan mujalla ta tunawa, sai na ga babu abin da ya fi dacewa da in biya bashin tambayar nan. Sunan da na samo shi ne Alhaji Adamu Halilu.

Majigi da dokokinsa

Kafin a fahimci Adamu Halilu sai an fahimci gidan da ya koyi aiki a ciki. A 1939 gwamnatin Ingila ta kafa sashen yin finafinai don ƙasashen da take mulka, ta ɗora William Sellers a kansa. Shi Sellers jami'in tsafta ne da ya yi aiki a Legas, inda ya fara amfani da fim wajen koyar da yaƙi da annoba. Daga nan motoci masu ɗauke da janareto da injin haskawa da lasifika suka shiga zaga ƙauyuka. Bahaushe ya kira abin majigi. A kowace mota akwai mai fassara, wanda ke riƙe da makirfo yana bayani da harshen mutanen gari yayin da hoto ke tafiya.

Majigi daban ne da silima. A Kano an buɗe silimar Rex a 1937, Palace kuma daga baya, kuma tun farko mutanen gari suka ɗauki gidan silima wurin 'yan iska. Ɗan mutunci ba ya so a gan shi a ƙofarsa. Majigi kuwa kyauta ne, a fili, da izinin sarki ko hakimi. Shi ya sa ya shiga inda silima ba ta taɓa shiga ba, kuma shi ya sa dattijona na Mansur ya gani.

To amma ga inda gizo ke saƙa. Sellers da mutanensa suna da aƙida a kan idon Baƙar fata. Sun yarda cewa mutumin ƙauye ba zai iya bin fim mai saurin yanka ba. Saboda haka suka kafa ƙa'idoji: kowane hoto ya daɗe a kan ƙyalle, kada kyamara ta yawaita motsi, kada a yi dabaru, kada a tsallake lokaci, kada a koma baya a nuna abin da ya riga ya wuce. In mutum zai tashi daga tabarma ya je rijiya, a nuna tafiyar. Akwai wani labari da jami'an suka riƙa maimaitawa a matsayin hujja: wai an nuna fim na tsafta, da aka tambayi 'yan kallo me suka gani, sai suka ce kaza, wata kaza da ta gilma a gefen hoto. Ni dai da na karanta wannan dariya na yi. Mutumin da kaza ke cikin dukiyarsa, in ya ga kaza ta gudu ai dole ya lura. Wannan kaifin ido ne.

Abin lura shi ne duk waɗannan ƙa'idoji na ɗakin tacewa ne. Suna magana ne a kan inda za a yanke da inda za a haɗa. Wato hukuncin da aka yi wa hankalin kakanninmu, a kan teburin mai tace fim aka zartar da shi.

Yaron Adamawa a ɗakin tacewa

An haifi Adamu Halilu a 1936 a ƙasar Adamawa. Ya shiga harkar fim ta ƙofar gwamnati, kamar kusan duk 'yan Arewa na zamaninsa, kuma ya je Landan da birnin Rum ya karanci fannoni biyu: rubuta labarin fim da tace shi. Ka duba zaɓin nan da kyau. Duka biyun aiki ne na cikin ɗaki. Marubuci ya gama nasa kafin a kunna kyamara, mai tacewa kuma ba ya farawa sai an kashe ta. Babu ɗayansu da ɗan kallo ke gani.

Jerin finafinan da ake danganta masa ya fara da Baban Larai na 1955, fim ɗin ƙarfafa noman auduga, lokacin yana ɗan shekara 19. Sai Mama Learns a Lesson a 1963, Child Bride a 1971, Shaihu Umar a 1976, Kanta of Kebbi a 1978, da Moment of Truth a 1981. Waɗannan su ne masu suna. Bayansu akwai kusan finafinai 70 da ya rubuta wa labari. Nan ne mafi yawan rayuwarsa ta aiki ta tafi, a irin ayyukan da ke fita da tambarin ma'aikata, ɗan kallo ya tashi yana cewa gwamnati ce ta yi.

Bari in ɗan tsaya a kan tacewa, don nan ne injiniyan da ke cikina ya fi jin daɗi. Yau yaro a Zoo Road ta Kano yana tace fim a kwamfuta. In ya yi kuskure ya danna maɓalli ya koma baya. A zamanin Halilu fim zare ne na roba mai ɗauke da hotuna ɗaya bayan ɗaya, guda 24 a kowace daƙiƙa. Shaihu Umar minti 142 ne. In ka buga lissafi, hotuna 204,480 ke nan. Zare mai faɗin milimita 35 yana cin kimanin mita 27 a minti ɗaya, saboda haka fim mai wannan tsawo ya kusa kilomita 4. In ka warware shi a ƙasa ya fi sa'ayi bakwai tsakanin Safa da Marwa. Kuma wannan abin da ya saura ne bayan an tace. Abin da aka ɗauko daga wurin ɗauka ya ninka haka.

Mai tacewa yana zama gaban inji irin su Moviola ko Steenbeck da kwafin aiki, yana tura zare gaba yana dawo da shi, yana sa alama da fensirin maiƙo, ya yanke da reza, ya liƙa da salatif. Guntayen da ya cire yana rataye su a ƙusoshi da lamba, don wataƙila gobe darakta ya ce a mayar. Murya tana kan nata zaren daban, kuma dole ta dace da motsin leɓe. In ta zame da hoto biyu ko uku, ɗan kallo zai ji wani abu bai yi daidai ba ko da bai san menene ba. Sai an gama duk wannan ake taɓa nagatif, wato uwar fim, a yanke ta daidai da kwafin aiki. Ita kam ba a yi mata kuskure sau biyu. Ƙari a kan haka, a shekarun nan masu fim na Nijeriya Ingila suke aika zare mai launi a wanke, su zauna jira kafin su ga abin da suka ɗauka.

Akwai wani abu game da kalmar kanta. A Hausa tace muke cewa ga aikin edita, tace kuma muke cewa ga aikin hukumar da ke hana fim fita. Asalin kalmar daga madafa take: a tace koko, a zubar da dusa. Duk mai rariya a hannu shi ke yanke abin da jama'a za su sha. Bambancin kawai shi ne wane ne ke riƙe da ita, kuma me ya ɗauka game da masu shan.

Shaihu Umar

Yawancinmu mun san Shaihu Umar a aji. Abubakar Tafawa Ɓalewa ya rubuta shi don gasar da Rupert East ya shirya a 1933, gasar da ta haifar da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara. An buga shi a 1934, lokacin marubucin yana malamin makaranta, tun kafin ya zama Firayim Minista. Daga baya Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan kwaikwayo, aka buga a 1975. A 1976, shekara goma bayan kisan Tafawa Ɓalewa, Adamu Halilu ya mayar da shi fim da Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihun. An nuna shi a bikin FESTAC da aka yi a Legas daga 15 ga Janairu zuwa 12 ga Fabrairun 1977.

Ku tuna yadda labarin yake. Ɗalibai suna gaban malaminsu, suka tambaye shi asalinsa. Sai ya fara ba su labari: mutuwar mahaifinsa, korar mijin mahaifiyarsa Makau saboda hassadar fadawa, yadda aka sace shi yana yaro, yadda ya faɗa hannun Balarabe Abdulkarim wanda ya riƙe shi kamar ɗa ya ƙetara Sahara da shi, yadda ya yi karatu har ya zama malami. A ɗaya gefen kuma ga mahaifiyarsa, wadda ta fita nemansa ita ma ta faɗa bauta, aka bi da ita ta Murzuk har Tarabulus. Sun haɗu a ƙarshe, amma ba ta daɗe ba ta rasu.

Yanzu ka ajiye wannan labari kusa da ƙa'idojin Sellers. Labarin gaba ɗayansa komawa baya ne: dattijo yana magana a yau, hoto yana nuna shekaru da dama da suka wuce. Yana tsallake shekaru, yaro ya zama saurayi, saurayi ya zama malami. Yana da zare biyu, na ɗa da na uwa, a ƙasashe daban-daban. Duk abin da aka ce idon Bahaushe ba zai iya bi ba, shi ne ƙashin bayan wannan labari. Kuma ɗan Arewa ne ya rubuta shi da Hausa tun kafin a kafa sashen Sellers, ga masu karatun da suka tashi da tatsuniya da ƙissar Annabi Yusuf, wadda ita ma rabuwa ce da bauta da Masar da haɗuwa bayan shekaru. Mutumin da ya fara aiki a gidan majigi, ya je ya koyi yanka da haɗawa, shi ne ya ɗauki wannan labari ya shimfiɗa shi a minti 142 da harshen mutanensa. A ganina wannan shi ne babban abin da ya yi a tarihi, kuma ba da jawabi ya yi shi ba.

Ga mu nan Mansur kuma, labarin ba baƙo ba ne. Hausawan Makka da yawa jikokin waɗanda suka taho da ƙafa ne ta Borno da Wadai da Darfur, suka ƙetare Bahar Maliya daga Sawakin, wasu bayan shekaru a hanya suna noma suna ƙara gaba. Wasu sun fito ne bayan yaƙin Burmi na 1903, inda aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya. Garin Mai Wurno da ke bakin Shuɗin Nilu a Sudan daga wannan hijira ya samo asali. A irin wannan tafiya an rabu da 'ya'ya, an binne iyaye a hanya, wasu an sayar da su. Da na ba dattijona labarin Shaihu Umar a taƙaice, shiru ya yi, sannan ya ce a unguwar nan ya san gidaje da kakarsu ta zo neman wani nata ba ta same shi ba.

Yadda aka kusa tace shi daga tarihi

A 1979 gwamnatin tarayya ta kafa Hukumar Finafinai ta Nijeriya, wadda hedikwatarta ke Jos, kuma Adamu Halilu yana cikin shugabanninta na farko. Amma zamanin zare ya riga ya kusa ƙarewa. Bayan tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 darajar naira ta faɗi, sayen zare da wanke shi a waje ya gagari kowa. A gefe guda talabijin ta riga ta raini nata marubuta da masu tacewa tun da aka buɗe tashar Kaduna a 1962, kuma daga ƙungiyoyin wasan kwaikwayo da suka saba da talabijin ne bidiyo ya fito. A 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da Turmin Danya a kaset. Zuwa 1999 masana'antar ta samu sunan Kannywood. Halilu ya rasu a 2001, daidai lokacin da kasuwar kaset ke tashe, kuma matasan da ke cikinta kaɗan ne suka taɓa ganin aikinsa.

Dalili kuwa shi ne Shaihu Umar ya ɓace. Shekaru da dama ana karanta sunansa a littattafai, babu mai iya nuna shi. Zaren fim na wancan zamani yana da wata cuta: in zafi da laima suka yi masa yawa, robar takan fara sakin asid mai warin ruwan khal, asid ɗin kuma ya ƙara hanzarta ruɓewar, zare ya ƙanƙance, ya lanƙwashe, launi ya koɗe. Da zarar ta fara ba ta komawa baya. Sanyi da bushewar iska kawai ke rage mata gudu. Ka tuna yanayin Legas, ka tuna halin wutar lantarkinmu, sai ka gane cewa kowace shekara tana cin wani abu.

Wani mai fim kuma mai sharhi, Didi Cheeka, shi ne ya ci karo da tarin gwangwanayen fim masu tsatsa a tsohon ginin sashen finafinai na zamanin Turawa a Legas, ya kuma dage sai an duba abin da ke ciki. A 2016 aka gano nagatif da kwafe-kwafen Shaihu Umar a ma'ajiyar Hukumar Finafinai. Cibiyar Arsenal ta Berlin ta gyara shi ta mayar da shi na kwamfuta da tallafin ofishin jakadancin Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a Fabrairun 2018. Wata biyu bayan haka, a Afrilu, aka buɗe gidan silima na farko a Riyad bayan fiye da shekara talatin babu. Daga wannan yunƙuri kuma aka samu digiri na biyu a fannin adana finafinai a Jami'ar Jos, da haɗin gwiwar Jami'ar Goethe ta Frankfurt.

Na yi murna da na karanta wannan, na kuma ji wani iri. Fim ɗin da aka yi da Hausa, daga littafin Firayim Ministanmu na farko, sai da ya bi ta Jamus kafin jikokin masu shi su samu damar ganinsa. Masu gyaran nan ma 'yan bayan fage ne irin Halilu: mutanen da suka zauna suna share ƙura da tabo hoto bayan hoto, a cikin dubu ɗari biyu da 'yan kai.

Abin da ya rage mana

Ba na son in mayar da wannan wa'azi, amma mujallar tunawa ce, kuma akwai abin da ya shafe mu kai tsaye. Mu ɗalibai muna ganin tunda komai yana waya, komai ya tsira. A matsayina na injiniya ina gaya muku ba haka ba ne. Zaren Shaihu Umar ya yi shekara 40 a gwangwani aka same shi da sauran rai. Faifan CD da aka buga a gida, ko ma'ajiyar kwamfuta da aka jefa a durowa, ba lallai su kai rabin haka ba. Kaset nawa na finafinan Hausa na farko ne yau ba a san inda uwarsu take ba? Mu kanmu, hotunan tarukan ƙungiyarmu na shekarun baya, da na nema don wannan fitowa, sai aka ce suna wayar wani da ya gama ya koma gida, wayar kuma ta lalace.

Sannan ga Mansur kanta. Duk wanda ya yi shekara biyar a Makka ya ga yadda rusau da sababbin hanyoyi suka canza tsofaffin unguwanni, maƙwabtan shekara hamsin suka watse. Dattawan da suka san hanyar ƙafa daga bakin iyayensu, da waɗanda suka ga majigi da idonsu, suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya. Shawarata ga ƙungiya mai sauƙi ce: duk wanda ke da dattijon da ya saba da shi, ya nemi izininsa ya ɗauki hirarsa. A ajiye kwafi uku a wurare daban-daban. A rubuta rana da wuri. Kuma a rubuta sunan wanda ya ɗauka, da wanda ya rubuta tambayoyi, da wanda ya tace, don kada wani ya zo bayan shekara sittin a ce masa ƙungiya ce ta yi.

Alhamis ɗin da ta biyo baya na koma shagon. Na ce, "Baba, na samo maka mutuminka. Adamu Halilu sunansa, mutumin Adamawa, yana cikin waɗanda suka yi Baban Larai." Ya ajiye almakashi ya maimaita sunan sau biyu. Ya ce, "Yana raye?" Na ce ya rasu tun 2001. Ya ce, "Allahu Akbar. Allah Ya jiƙansa, Ya sa ya huta." Jikokin suka ɗago kai daga waya suka ce amin tare da mu. Sannan ya zuba mini shayi, ya ce in kunna abin ɗaukar maganar, zai fara daga ranar da suka bar Funtuwa.